Littafin da ya fi ka amsa saƙo

Landan, daren Lahadi.

Zuwa ga ɗan Goggo, Garba sarkin shiru,

Ina fatan Goggo da amarya da yara duk suna lafiya. Mu ma lafiya lau, sai sanyi, wanda ya sa nake sa wando biyu kamar ɓarawon gwanjo.

Kada ka yi mamakin ganin takarda da biro. Saƙona bakwai na WhatsApp duk sun nuna ka karanta, amma ko tari ba ka yi ba. Shi ya sa na ce bari in ba ka labarin wani littafi da ya fi ka ladabi.

Ummi ce ta jawo maganar. Ta kamu da Harry Potter, ƙagaggen labarin wata makarantar matsafa, littafi 7, wanda wata Baturiya, J.K. Rowling, ta fara fitarwa a 1997. Ranar Asabar ta ja ni tashar jirgin ƙasa ta King's Cross, inda aka manna rabin kurar kaya a jikin bango, aka rubuta 9¾ a sama. Ƙarti da gemunsu suna bin layi don a ɗauke su hoto suna tura bango. Na bi, ɗan Goggo. Ni da nake ƙin layin mai a Zariya.

A littafi na biyu, na 1998, akwai wani kundin ajiye sirri na wani ɗalibi, Tom Riddle, mai shekara 50 a ajiye, shafukansa fari fat. Ka ɗiga tawada, takarda ta shanye ta kamar ƙasar rani. Ka rubuta tambaya, rubutun ya ɓace, sai ga amsa ta ɓullo da tawadar taka. Babu data, babu caji, babu "wallahi network ne". Da na gani a fim sai na tuna kurtun tawadarmu na makarantar allo, gawayi da ƙaro, da alƙalamin karan da kake sace mini. Tamu tawadar in ta ɓace, to wanke allo aka yi. In kuwa ta ɓace ba ka haddace ba, amsa takan zo nan take, amma daga dorinar Malam, kuma a gadon baya ake karanta ta.

Sauran hanyoyin saƙon matsafan ba na sha'awa. Mujiya ce ɗan aikensu. Ka dubi Allah, a ce mujiya ta sauka a kan katangar Goggo da wasiƙa a baki! Kafin a buɗe, unguwa ta watse. Suna kuma da wata jar wasiƙa da ke buɗe baki ta zazzaga wa yaro faɗa da muryar uwarsa a gaban jama'a. Wannan kam ba su riga mu ba. Inna tana aiko mini da irinta ta murya, minti tara, duk Juma'a.

Sai dai Ummi ta ce in daina yabon kundin. Wai wata yarinya, Ginny, ta yi ta zuba masa sirrinta, shi kuma yana ba ta amsa mai daɗi, ashe ranta yake tsotsewa, tana ramewa yana ƙara ƙarfi. Nan na yi shiru, don na san wani mai wannan hali. Wata uku ba a jin ɗuriyarsa, amma ranar da albashi ya shiga sai ga shi da sanyin murya: "Ranka ya daɗe, ya sanyi?" Ban kama suna ba. Shi dai kundin da haƙorin wani ƙaton maciji aka soke shi, tawada ta yi ta bulbulowa. Kai ɗan'uwa ne, ba za a kai ga haka ba.

Kuɗin taki da ka ce, na tura. Lambar karɓa tana nan ƙasan takardar, inda ka ga fili. Da ruwan lemun tsami Ummi ta rubuta ta, ba ta fitowa sai ta ji zafi. Ka kanga ta kusa da gilashin fitila, a hankali, za ka ga ta fito ja-ja-ja. In ka yi gaggawa ta kama da wuta, to dole ka rubuto.

Ka gaida Goggo, ka ce man zafin nata yana hanya.

Naka, ubangidanka,
Bala