Talala: Bayani Ga Mutanen Tenhya Kan Zaɓen Ɗalibai

Duk wanda ya tashi a Tenhya ya san talala. A ɗaure jaki da doguwar igiya, ya yi kiwo duk inda ransa ke so, muddin ransa bai wuce tsawon igiyar ba. Masu ilimi sun kai wannan dabara jami'a, suka raɗa mata suna cin gashin kai. Kawu ne ya nemi in fayyace masa, tun da autansa ya ce zai tsaya takara.

Ga yadda abin yake, Kawu. Yaro ya ci bak, ya hau mota daga Tanut zuwa Damagaram, inda aka buɗe jami'a a 2010, wadda yanzu ake kira André Salifou. Zai tarar da ƙungiyar ɗalibai ta USN tana jiransa, kuma ta girmi yawancin malamansa, don tun 1960 take. Ɗalibai ne ke zaɓen shugabanninsu da kansu. Hukumar jami'a ba ruwanta, ko kaɗan. Abin da ke hannunta bai taka kara ya karya ba: makullin ɗakin taro, da takardun jarrabawar ɗan takara, da alƙalamin kora.

Alƙalamin nan yana aiki cikin ladabi. A 2018, a Jami'ar Abdou Moumouni ta Yamai, bayan wata hatsaniya tsakanin wani malami da 'yan CASO, wato dogaran ƙungiyar ɗalibai (su ma suna da tasu talalar da suke yi wa 'yan uwansu a layin bas), aka kori shugabannin ɗalibai biyar. Lura da kyau, ba a taɓa zaɓe ba. Zaɓe na nan lafiya lau. Waɗanda aka zaɓa ne kawai suka daina zama ɗalibai.

Malamai kuwa a lokacin su ma suna zaɓen shugaban jami'a da ƙuri'a. A 2019 majalisar dokoki ta sauƙaƙa musu wannan wahala, ta ce gwamnati za ta riƙa naɗawa. Ƙungiyarsu SNECS ta yi ta yajin aiki. Ashe mai riƙe da igiya shi ma akwai turke a bayansa.

Maƙwabtanmu na Najeriya sun fi mu tsimin tawada. Gwamnatin Obasanjo ta haramta ƙungiyar ɗalibai ta NUNS a 1978, a 1980 sai ga NANS. Harafi ɗaya aka sauya.

Kawu ya ce ya gane sarai. Ya tambaya ko cin zaɓen yana sa bursi ta fito da wuri. Na ce wannan kuma wani ofishi ne a Yamai. Ya jinjina kai, ya tashi ya je ya gusa wa jakinsa turke, don ciyawar wurin ta ƙare.