Jinjina ga Uwar Masu Haƙuri

Allah ya ja zamanin gwamnatin Najeriya, uwar masu haƙuri, mai faɗin zaure, mai kunyar baƙo, wadda ba ta tambayar mai shigowa takardarsa don kada ta ɓata masa rai! Mu mutanen Ɗankaza a ƙasar Wudil, inda hanyar Kano zuwa Maiduguri ta ratsa, mun fi kowa cancantar yi mata kirari, domin a bakuna biyu na wannan hanya ta nuna gwanintarta cikin shekara guda, 1980.

A Kano akwai Muhammadu Marwa, mutumin Kamaru, wanda aka fi sani da Maitatsine. Tun 1962, zamanin Sarki Muhammadu Sanusi, hukumar gargajiya ta yi masa rashin kara, ta ɗaure shi, ta kore shi zuwa ƙasarsu. Mutanen zamanin dā ke nan, ba su san darajar baƙunta ba. Da ya dawo, sai ya tarar da gwamnatin zamani mai wayewa, mai jami'an shige da fice, mai 'yan sanda da 'yan leƙen asiri, kowanne da ofis da hatimi. Ya zauna a 'Yan Awaki, ya tara gardawa, ya yi gine-gine yadda ransa ke so, maƙwabta suna kuka, malamai suna ƙorafi, rahotanni suna hawa tebur. Ita kuwa mai girma, dutsen natsuwa, ko gezau. Wace ƙasa ce a duniya za ta iya riƙe fayil shekara da shekaru ba ta bari ko kusurwarsa ta lanƙwashe ba? Sai a Nuwamba 1980 Gwamna Abubakar Rimi ya aika masa da wasiƙa, da wa'adin mako biyu, irin ladabin da ake yi wa manyan baƙi.

Kada mahassada su ce ba ta iya sauri ba. A Janairun wannan shekarar, a Maiduguri, ta gano wani baƙo mai haɗari: Shugaba Abdurrahman Darman, shugaban masu rinjaye a Majalisar Dokokin Borno, ɗan jam'iyyar adawa ta GNPP. Ma'aikatar harkokin cikin gida, ƙarƙashin Bello Maitama Yusuf, ta ce asalinsa Chadi ne. Rana ɗaya ta isa a ɗauke shi a tsallaka da shi iyaka. Dubi basira! Mai tara dakaru a tsakiyar birni a bar shi ya huta, mai tara ƙuri'u a kai shi Chadi. Babbar kotun Maiduguri ce ta yi katsalandan, ta ce ɗan Najeriya ne, a mayar da shi, a biya shi diyya. Gwamnati, sarauniyar biyayya ga shari'a, don tsananin ƙaunar alƙalai sai ta ɗaukaka ƙara, ta ƙara ganin fuskokinsu.

A Kano kuwa, ranar 18 ga Disamba haƙuri ya haifi ɗansa a filin Shahuci, rikicin Maitatsine ya ɓarke. Sai da sojoji suka shiga. Kwamitin Mai Shari'a Anthony Aniagolu ya ƙirga gawa 4,177, kuma a nan ma a yaba mata: ta kira alƙali ya duba lamarin Marwa daidai lokacin da ya dace, bayan an gama jana'iza.

Daga nan zakanya ta farka. A Janairu 1983 ta ba baƙin da ba su da takardu mako biyu su fice, babu kotu, babu sauraron kowa. Malaman makaranta, teloli da magina, 'yan Gana kusan miliyan guda, suka ɗaure kayansu suka nufi iyaka, ƙasa ta tsira daga sharrin allura da cokalin gini. Almajiran Marwa kuwa, saboda adalcinta, ba ta takura musu ba. Sun riga sun ziyarci Bulumkutu a 1982, suka sauka Jimeta a 1984, suka ƙarasa Pantami ta Gombe a 1985.