Kano da Katsina a Kuɗin Akuya Ɗaya

Idan Sallah ta faɗo da rani, babu shuka babu noma, sai ka ji magidanta a majalisun ƙauyukanmu na ƙasar Bichi, Tsanyawa da Kunchi sun fara zancen kai iyali buɗe ido. Birni biyu ake hange. Ga Kano, wajen kilomita 40 daga Bichi. Ga kuma Katsina, wadda ta zama babban birnin jiharta a 1987, tsakaninta da Kano kimanin kilomita 170. Jarin tafiyar kuwa yawanci akuya ce guda da aka kai kasuwar Dambatta ranar Lahadi. Tun da aka janye tallafin fetur a watan Mayun 2023 kuɗin mota ya yi tashin gwauron zabi, amma burin mutanenmu yana nan inda yake. Ga waɗanda za ka tarar a irin wannan shiri.

Akwai Mai Biro. Ya yago takarda daga tsakiyar littafin makarantar ɗansa, ya zauna gindin darbejiya yana tarawa yana ɗebewa. Mutum tara ne za su tafi, amma a takardarsa kujera huɗu ce, domin a wurinsa duk wanda bai tsiro gemu ba a cinya zai zauna. Sai an je bakin titi ɗan kamasho ya dubi saurayin da aka ce yaro ne, ya ce, "Haba Baba, ai wannan shi ya kamata ya ɗora ka a cinya." Lissafin Mai Biro ba shi da kuskure, sai dai abin da bai shiga ciki ba ya fi wanda ya shiga yawa. Babu kuɗin adaidaita sahu, babu na ruwan leda, babu na tsaraba. Bai kuma taɓa kawowa a ransa cewa a birni har kama ruwa sai an biya ba, ga shi ya taho da yara biyar da suka sha kunu tun asuba.

Na kusa da shi a majalisa shi ne Mai Ɗan'uwa. Kada ka kuskura ka ambaci otal a gabansa. "Otal? Da iyalina? Allah Ya sawwaƙe! Ina da ɗan'uwa a Kurna." In ka bi diddigin zumuncin, sai ka tarar ɗan ƙanen mijin yayar kishiyar babarsa ne, rabonsu da haɗuwa tun wani suna da aka yi shekarun baya. Bawan Allah yana zaune a ciki da falo na haya, ruwan wanka ma sai ya saya wurin 'yan garuwa. Ba zai san da zuwansu ba sai ya ji sallama da magariba, ya leƙo ya ga tawaga da ƙunshin kaya. Tsarabar da aka kawo masa kwanon gero biyu ne da ƙullin kuka. Matar gida za ta shimfiɗa tabarma da fara'a, "Lale marhabin, ai kun kyauta," sannan ta ja mijinta bayan labule ta ce, "Malam, kwana nawa suka ce?" Shi ma bai sani ba, kuma kunya ba za ta bar shi ya tambaya ba. An ce baƙo raɓa ne, to wannan raɓar tana shan shayi da madara, tana kuma neman ƙarin burodi. A ganina duk asirin tafiyar araha a nan yake: kuɗin da maigida yake alfaharin ya yi tsiminsa, daga aljihun wani mutum a Kurna ya fita. A Katsina ma akwai irinsa a wajen Ƙofar Ƙaura, yana barcinsa bai san an sa shi a kasafi ba.

Uwargida Mai Guzuri ba ta zuwa majalisa, amma ita ce ta san gaskiyar tafiyar. Kwana biyu kafin a tashi ta daka fura, ta yi dambu da zogale, ta dafa ƙwan zabi, ta ƙulla ƙuli-ƙuli da daƙuwa. Kular abincinta sai mutum biyu sun kama. Akwai kaza mai rai da aka ɗaure wa ƙafa, wai ta mai masauki ce, kuma ita kaɗai ce fasinjar da direba ba ya karɓar kuɗinta. Maigida zai yi ta faɗa cewa kaya sun yi yawa, har sai yara sun fara kuka a Dawanau, sannan ya yi shiru ya miƙo hannu. Ranar da lissafin Mai Biro ya ƙare a tsakiyar birni, ita ce za ta juya baya, ta kwance haɓar zani, ta fito da kuɗin adashinta. Ba kyauta ba ce. Za ta tuna masa da bashin a gaban kishiya har damina ta kama.

Sai Masanin Birni, wanda ya taɓa cin rani a Fagge yana yankan farce tun zamanin da 'yan acaɓa ke cika titi. An hana acaɓa a Kano tun 2013, bai ji ba. Shi ne a gaba, yana nuna hanya da sanda. Da aka iso Ƙofar Ruwa ya ga titi ya nutse ƙarƙashin ƙasa, sai ya yi tsit na ɗan lokaci, sannan ya ce direba ne ya ɓata hanya. Ba ya tambaya, domin a ganinsa tambaya ta baƙauye ce. Gidan da yake nema yana kusa da wata bishiyar ɗurumi da aka sare tun kafin a haifi rabin tawagar.

Wanda ya fi ba ni dariya shi ne Mai Taura Biyu. Ya ji cewa washegarin Sallah Sarkin Katsina yana Hawan Bariki, a ranar kuma da yamma ake Hawan Daushe a Kano. Sai ya yanke cewa duka zai gani a wuni ɗaya, don a rage kwanan hanya. Ya manta cewa motar haya ba ta tashi sai ta cika, kuma ranar ba shi kaɗai ke da wannan dabarar ba. A Katsina ya baro wurin kafin Sarki ya fito, don kada ya makara. A Kano ya iso Ƙofar Kudu ana kwance wa dawakai sirdi. Abin da yara suka kalla sosai a ranar shi ne kasuwar Charanchi da ta Kankia ta tagar mota. Gara ma shi, ya ga kashin doki. A 'yan shekarun nan an sha soke hawa a Kano saboda rikicin masarauta, kuma akwai waɗanda sai da suka biya kuɗin mota suka iso sannan labari ya same su.

Kowace tawaga tana da Malamin Firamare. Shi ilimi ya fito nema wa yara. Zai kai su Gidan Makama, ya hau da su Dutsen Dala, ya tsayar da su a marinar Ƙofar Mata suna toshe hanci. Zai gaya musu cewa a 2024 hukumar UNESCO ta sa hawan Sallar Kano cikin al'adun duniya da ake tattali. A Katsina zai nuna musu Hasumiyar Gobarau da tsohuwar kwalejin da Sardauna Ahmadu Bello da Abubakar Tafawa Ɓalewa suka yi karatu. Duk gaskiya ne, kuma ba shi da tsada. Amma in an dawo gida ka tambayi yaro me ya gani, zai ce maka kura a Gidan Zoo, da wani katafaren kanti a kan titin, inda aka shiga aka sha sanyin na'ura kyauta aka fito ba a sayi ko alawa ba.

Kada a manta da 'yan "tunda za ku". Su ba za su je ko'ina ba, amma kowa da saƙonsa. Inna tana son turmin atamfa daga Kantin Kwari, ta ba da kuɗin da aka saya mata shekara biyar da suka wuce. Kawu yana son a duba masa farashin injin ban-ruwa. Wata gwaggo kuma a gaishe mata da ɗanta, "yana nan cikin Kano," iyakar kwatancen ke nan.

Na ƙarshe shi ne Mai Jiran Jirgi. Tun da aka aza harsashin layin dogo na Kano zuwa Maraɗi ta Katsina a 2021 ya sanar da iyalinsa cewa a jirgin ƙasa zai kai su, don ya fi araha. Kowace Sallah sai ya sabunta alkawarin. Cikinsu duka shi kaɗai ne akuyarsa ta haihu sau uku tana nan a turke.

Abin mamaki, babu ɗaya daga cikinsu da ya lura cewa titin Kano zuwa Katsina ta ƙofar gidansa ya bi. Mutumin Bichi ko Tsanyawa zai iya yin sammako ya wuni a Kano, ya dawo ya kwana a ɗakinsa, ya ba dabbobi harawa, washegari ya nufi Katsina. In ka faɗa musu haka sai su ce wannan ai ba tafiya ba ce, tunda ba a kwana a baƙon wuri ba. To shi ke nan. Kai da ka ƙudura niyya bana, ka kira mai masaukinka tun saura mako guda, ka faɗa masa ku nawa ne da ranar da za ku tashi, geron kuma ka kai masa a buhu.