Masu Leƙen Ɗan Hoton Instagram

Manhajar Instagram, wadda Kevin Systrom da Mike Krieger suka fito da ita a 2010, Facebook kuma ya saye ta kan dala biliyan 1 a 2012, don hotuna aka gina ta. Abin mamaki, hoton da mutum ya zaɓa ya zama fuskarsa sai aka matse shi cikin wata 'yar da'ira da ba ta kai kwabo ba, aka kuma yi shekaru ko ka danna ba ya buɗewa. Wannan rowa ce ta haifar da shafukan intanet da za ka rubuta sunan mutum su fito maka da hoton da girmansa. Ni dai a ganina, duk mai faɗaɗa wannan hoto ya fi fallasa kansa a kan mai hoton, domin kowa da abin da ya kai shi.

Ga gwaggo mai binciken aure. Ɗan ɗan'uwanta ya ce ya ga yarinya, ita kuwa shafin yarinyar a kulle yake, saura ɗan hoton nan kaɗai a waje. Sai ta ɗora tabarau a karan hanci, ta ware hoton da yatsu biyu, ta yanke hukunci: hancin ba laifi, amma hasken nan na kanti ne. Da haka ta gama binciken asali, tarbiyya da iya girki, ba ta taka ko zauren gidansu ba. Kusa da ita akwai tsohon saurayi, wanda ya rantse ya manta, amma ƙarfe biyun dare yana auna wata kafaɗa da ta ɗan leƙo a gefen hoton, yana tambayar kansa ko ta yaya ce ko ta ango. 'Yar sa ido kuwa ba ruwanta da fuska; leshin take dubawa, da labulen da ke baya, da ko motar da aka jingina da ita ta aro ce. Dukkansu maganinsu mutum ɗaya ne, wato wanda ya sa hoton fure ko na jaririn maƙwabta.

Za a ce ai ba kowa ne ɗan gulma ba. Gaskiya ne, mai shirin tura kuɗin atamfa ga wadda bai taɓa gani ba yana da hujjar dubawa, haka wanda baƙon suna ya yi wa sallama. Sai dai ɗan damfara ya riga shi sanin haka, shi ya sa yake satar hoton mai kamala da rawani. Ga shi kuma manhajar tana rage ingancin hoton tun wajen ɗorawa, in ka matsa masa da faɗaɗawa sai ya dushe kamar an shafa masa koko. Wasu kuma za su ce mai hoto shi ya kai kansa kasuwa. To, ya kai, amma gwargwadon kwabo ya kasa, kai ne ka zo da faifai.

Abin da ke ƙara wa masu leƙe ƙarfin gwiwa shi ne Instagram ba ya gaya wa mutum wanda ya duba shafinsa. Amma labaran nan masu ɓacewa bayan awa 24, da aka shigo da su a 2016, suna jera sunan duk wanda ya kalla, kuma a kan wannan da'irar ake danna su. Saboda haka mai karatu, in za ka leƙa cikin dare, ka riƙe yatsanka da kyau, kada gari ya waye sunanka na cikin jerin.