Shanu Uku

A ɗauka ranar sadakar uku ce a wani zaure a Barkiya, cikin ƙasar Kurfi. Mamacin magidanci ne, yana tsakiyar noman firi masu bindiga suka faɗo masa a kan babura. Suka ce ya shige gaba, ya ce ko sun tafi da shi babu mai kuɗin fansarsa, suka harbe shi, suka kora shanun huɗarsa. Wanda duk ke zaune tsakanin Dutsin-Ma da Kurfi da Safana da Batsari, inda dajin Rugu ke yamma da mutane, ya san irin wannan rana. Sauran duniya sai a daren 11 ga Disamba, 2020 ta farga, da aka kwashe ɗalibai fiye da 300 daga makarantar kimiyya ta Ƙanƙara. A 2021 aka rufe kasuwannin dabbobi, aka hana sayar da fetur a jarka, aka katse layukan waya a ƙananan hukumomi 13, har da Kurfi da Dutsin-Ma, amma ba a naɗe tabarmin makoki ba.

Mutanen cikin labarin nan ba su da suna, kuma da gangan na bar su haka.

Bayan an shafa fatiha, wani Alhaji mai faɗa a ji, dillalin shanu, mai gonaki har bakin fadama, ya gyara zama ya dubi limamin da ke kan buzu.

"Allah shi gafarta Malam, ni abin da ya ɗaure mani kai, wannan mugunta daga ina ta fito? Uwa ce ta haifi waɗannan? Ni ban yarda mutane ba ne. Dabbobi ne, wallahi, su da duk wanda ya haɗa jini da su."

Zaure ya amsa da "haka ne, Alhaji." Malam ya ja carbinsa, bai yi saurin magana ba.

"Uwa ce ta haife su, Alhaji, kuma bisa fiɗira aka haife su, kamar ni da kai. Ka tuna kisan farko a bayan ƙasa. Ba baƙo ne ya fito daga daji ba, 'ya'yan mutum ɗaya ne, Habila da Ƙabila. An karɓi hadayar ɗaya ba a karɓi ta ɗaya ba, hassada ta shiga. Kuma in ka duba Suratul Ma'ida, ba zabura ya yi lokaci guda ya kashe ɗan'uwansa ba. Ransa ne ya yi ta lallaɓa shi har abin ya zame masa mai sauƙi. Kafin wannan ma akwai Iblis. Shi ba sata ya yi ba, ba kisa ya yi ba. Asali ya duba, ya ga nasa wuta, na Adamu yumɓu, ya yanke hukuncin cewa ya fi shi. Duk wanda ya fara auna ɗan Adam da asalinsa, to, ya san wanda ya riga shi shiga wannan hanya."

Ya kawo hadisin ɗigon baƙin da ke sauka a zuciya duk lokacin da bawa ya yi zunubi, in ya tuba a goge, in ya ƙara ɗigon ya ƙaru har ya rufe ta. Ya ce shi ya sa Imamu Gazali, wanda ya rasu a 1111, ya ware kashi ɗaya cikin huɗu na Ihya'u Ulumiddin ga abubuwan da ke halaka mutum daga ciki: fushi, ƙullata, hassada, son dukiya, girman kai.

Can wajen ƙofa akwai wani saurayi, malamin firamare, wanda ya yi karatun koyarwa a Kwalejin Isa Kaita ta Dutsin-Ma. Ya ɗan rusuna.

"Baba, in an ba ni dama, masana halayyar ɗan Adam ma sun bi sawun wannan tambaya. A 1961, a Jami'ar Yale ta Amurka, wani mai suna Stanley Milgram ya tara magidanta, masu sana'o'i irin na kowa. Aka zaunar da kowane a gaban na'ura, aka ce akwai ɗalibi a ɗaki na gaba, duk kuskuren da ya yi a danna masa wutar lantarki. An fara da bolt 15, ana ƙara 15 kowane kuskure, har 450. Ɗalibin ɗan wasa ne, wuta ba ta taɓa shi, amma mai dannawa bai sani ba. Yana jin mutum yana bugun bango, in ya so ya tsaya, sai jami'in binciken ya ce masa ya ci gaba. Cikin mutum 40, mutum 26 suka kai har ƙarshe. Da an ce su fara da 450, da wuya su yarda. Da 15 aka fara, kuma kowa yana ganin alhakin na wanda ya ba da umarni ne."

"Ikon Allah," in ji wani tsoho.

"A 1975 kuma Albert Bandura ya gwada wani abu. Ɗaliban da aka sa su hukunta wasu, in suka tsinci ana kiran waɗancan dabbobi, sai su fi tsananta musu wutar. A Ruwanda a 1994, gidan rediyo ya yi ta kiran 'yan Tutsi kyankyasai, aka kashe kimanin mutum 800,000 cikin kwana 100, da yawansu da adda, a hannun maƙwabta. Baba Alhaji, ka tuna mafarautan nan 16 'yan Kano da aka ƙone a Uromi ta Jihar Edo a watan Maris na 2025, suna hanyar komawa gida Sallah? Ranar nan ka yi hawaye. Kafin a cinna musu wuta, suna aka fara laƙaba musu, aka ce masu garkuwa da mutane ne, don kawai an ga kamanninsu da bindigogin farauta."

A ganina wannan shi ne wurin da zaure da aji suka haɗu, kuma yana ba ni tsoro. Dukansu sun ce mugunta tana zuwa ne taki-taki, kuma takin farko shi ne ka fitar da wani daga sahun mutane. Babu ɗayansu da ya ce wannan uzuri ne.

Alhaji ya kaɗa hannu. "Ɗan nan, waɗancan can wata duniya ce. Mu nan mun san juna."

Malam ya ce, "To bari in ba ku labarin wani gari da aka san juna."

"A gefen garin akwai ruga, ta fi shekara arba'in a wurin. Matansu na kawo nono, shanunsu na kwana a gonakin mutane da rani su bar taki. Akwai burtalin da ke kai su mashaya. Wani mai hali, gonarsa na bakin burtalin, duk damina sai ya ƙara kunya biyu, har hanyar ta koma ba ta cin saniya biyu a jere. Babu wanda ya tanka, don mutumin yana gina masallaci, yana ciyar da mutane da azumi. Wata rana shanu suka goga, suka ci gero abin da bai kai dami biyu ba. Mai gona ya riga kowa isa inda ake yanke hukunci, kuma bai je hannu sake ba. Aka ɗaure mai shanu a gindin bedi, aka zane shi, aka ci shi tarar shanu uku. Ɗansa na tsaye da sanda a kafaɗa, bai fi shekara goma ba. Yana kuka, yaran gari suna yi masa dariya.

"Bayan 'yan shekaru ɓarayin daji suka kore sauran garken, don kun san kafin su taɓa mu, masu shanu suka fara ci. Tsohon ya kai kuka ko'ina, aka ce ai su ne su. Baƙin ciki ya kwantar da shi, bai tashi ba. A wannan lokacin ne shanu suka yi araha. Ana kawo su da dare, ana sayarwa rabin kuɗi, mai halin nan yana saye, bai taɓa tambayar daga ina ba.

"Sai aka kai hari wani ƙauye. Ranar kasuwa, wan yaron ya shigo sayen kanwa da gishiri. Wani ya ce ga ɗaya daga cikinsu nan. Samari suka rufe shi. Ya ƙwace, ya ruga rumfar mai halin nan, ya kama ƙafarsa, yana cewa, Baba ka san ni, ka san ubana. Kalma ɗaya daga bakin mutumin ta isa ta watsa taron. Abin da ya ce shi ne, ku dai ja shi nesa da rumfata. Suka ja shi. Ƙanen yana bayan buhunan masara yana gani. Daren nan ya shiga daji, kuma a daji akwai masu jiran irinsa da bindiga da ƙwaya. Suka fara ba shi gadin waɗanda aka kamo, daga nan aka ce ya doke su, daga nan aka ce ya harba."

Zaure ya yi tsit. Ba Alhaji kaɗai ya sunkuyar da kai ba.

Da ya ɗago, muryarsa ta canja. "Kenan Malam wanke ɗan ta'adda yake yi?"

"Allah shi tsare ni. Ga gawar da muka rufe shekaranjiya, ga marayunta a cikin gida. Wanda ya ɗana kunamar bindigar nan shi zai amsa a gaban Allah, kuma wajibi ne hukuma ta kamo shi ta hukunta shi tun a nan. Nawa aka zalunta fiye da shi ba su ɗauki makami ba? Ga su nan cikinmu, waɗanda da suke da garke yanzu suna ƙwadago. Shi ya zaɓa. Amma in ɓera da sata, daddawa ma da wari. Ya inganta a Buhari da Muslim cewa duk ran da aka kashe bisa zalunci, ɗan Adamu na farko yana da kaso cikin alhakin, don shi ya buɗe ƙofar. Shehu Usmanu Ɗanfodiyo, da yake lissafa ayyukan azzaluman masu mulki a Kitabul Farƙi, ya sa jangali da gaisuwar da ake kai wa masu iko a ciki, don ya san abin da ƙwace ke haifarwa. A 2023 Gwamna Dikko Raɗɗa ya ƙaddamar da askarawan tsaron al'umma, muna yi musu addu'a dare da rana. Sai dai askari ba zai tsare mai kai fetur da burodi daji ba in maƙwabcinsa ya rufa masa asiri, kuma ba zai buɗe burtalin da aka nome ba."

Aka kira la'asar. Mutane suka miƙe suna neman takalma. Alhaji ya tsaya sai da zauren ya rage, ya matso kusa da buzu ya durƙusa.

"Allah shi gafarta Malam. Shi wannan mutumin na cikin labari, in yana so ya tuba, mi zai yi?"

"Ya yi nadama, ya daina, ya ƙudurta ba zai koma ba. Amma haƙƙin mutane istigifari kaɗai ba ya ɗauke shi, sai an mayar."

"In mai haƙƙin ya rasu fa?"

"Yana da magada. Matarsa tana nan da rai, da 'ya'ya mata biyu."

"A kuɗin wancan lokacin za a lissafa, ko na yanzu?"

"Shanu aka karɓa, shanu za a mayar, kasuwar Charanci ba nisa. Ya kuma janye kunyoyinsa daga burtali kafin wata damina. Ka gaya mashi ya fara da wannan. Maganar jinin wan yaron kuwa ta fi ƙarfin mutum ɗaya, don ba shi kaɗai ne a kasuwa ranar nan ba. Wannan sai mun tara duk waɗanda suka tsaya kallo, mu tafi wurin tsohuwar tare."