Ƙa'idojin Jifa da Kek

Ba kowa ake jifa da kek ba. Wannan ne abu na farko da ya kamata mai kallon gajerun finafinan barkwanci na zamanin fim mara magana ya sani. In ka maka wa mayunwaci kek a fuska, ciyar da shi ka yi. Kek mai mutunci yake nema: ɗan sanda, attajiri mai doguwar hula, ko matar da yanzu ta fito daga gyaran gashi.

Kamfanin Keystone, wanda Mack Sennett ya kafa a Amurka a 1912, shi ya mayar da jifan sana'a. Amma 'yan wasan barkwanci Laurel da Hardy ne suka kai ta maƙura a 1927, cikin fim ɗin The Battle of the Century, inda aka ƙarar da kek mai kirim wajen 3,000. Rigimar kuwa daga inshora ta faro. Hardy ya yi wa Laurel inshora, ya yar da ɓawon ayaba a hanya don abokin nasa ya zame a biya kuɗi. Ɓawon ayaba ba ya tantance ƙafa. Mai kai kek ne ya taka.

Abin da ya fi burge ni shi ne haƙuri. Wanda aka jefa ba ya ramawa nan take. Zai tsaya cak, ya sa yatsa ya share ido ɗaya, ya share ɗayan, ya dubi abin da ke hannunsa, sannan ya taka a natse ya ɗauko nasa kek ɗin. Abokin faɗan kuma yana nan tsaye yana jira, kamar mai bin layi. Sai an saki kek ɗin zai sunkuya, ya wuce ta kansa ya sami wani bawan Allah da bai san hawa ba bai san sauka ba. Shi ma yana da haƙƙin ramawa. Da haka unguwa guda ta shiga yaƙin, mutum ɗaya bayan ɗaya, kowa da hujjarsa.

Shekaru da dama ana zaton yawancin kashi na biyu na fim ɗin ya ɓata, wato inda jifan yake. A 2015 aka gano shi cikin tarin finafinan wani mai adana su, aka ga kowane kek da fuskar da ya sauka a kai.