Yadda Shinkafar Samarƙand Ta Ƙare a Hunkuyi

Ƙananan hukumomin Ikara da Makarfi da Kudan, waɗanda ke arewacin jihar Kaduna a cikin masarautar Zazzau, asalinsu ƙaramar hukuma ɗaya ce, kafin a fitar da Makarfi daga Ikara, sannan a 1996 a fitar da Kudan daga Makarfi a ajiye hedikwatarta a Hunkuyi. Rabuwar a takarda ta tsaya, domin fadamun ba su rabu ba, abin da ake nomawa kuma bai sauya ba: rake, wanda Makarfi ta yi suna da shi har manyan motoci ke lodinsa dami-dami zuwa Kano da kudancin ƙasa, da mazarƙwaila, wato ruwan rake da ake matsewa a dafa har ya yi kauri sannan a zuba a ƙananan kwanoni ya daskare, da kuma kayan gwari, wato tumatir da tattasai da attaruhu da albasa, waɗanda yawansu ya sa gwamnatin jiha ta kafa masana'antar sarrafa tumatir a Ikara a farkon shekarun 1980. Mutanen da suka tashi a irin wannan wuri suna da tsayayyen ra'ayi game da tukunya, shi ne duk shinkafar da ta iso gaban mai ci ba miya ba yaji, to ko dai maigida na kwance ba lafiya, ko kuwa uwargida na fushi. Ko a 2016, lokacin da tsutsar nan da manoma suka laƙaba wa suna sharon ta cinye gonakin tumatir har gwamnatin Kaduna ta ayyana dokar ta-ɓaci a kan lamarin, ba a sassauta wannan ra'ayi ba, kauɗa aka koma wa, wato busasshen tumatir.

Uzbekistan kuwa, ƙasar da ke tsakiyar Asiya wadda ta sami 'yancin kai a 1991 da rushewar Tarayyar Sobiyet, ba baƙuwa ba ce ga almajirin ƙasar Hausa ko da bai taɓa jin sunanta ba, domin a Buhara aka haifi Imamu Buhari a 810, kuma a wani ƙauye kusa da Samarƙand aka binne shi a 870. Abincin da mutanenta suke tinƙaho da shi shi ne palof, wanda hukumar UNESCO ta sa al'adarsa cikin jerin gadon al'adun duniya a 2016. Ana dafa shi a cikin kazan, wani kaskon ƙarfe mai kauri da zurfi: a narka kitsen jelar rago, a soya nama da albasa, a zuba karas mai yawa da aka yanka siri-siri da wata ƙwayar ƙamshi da suke kira zira, sannan a shimfiɗa shinkafa a sama, a cusa dunƙulen tafarnuwa, a rufe. Babbar ƙa'idar ita ce ba a juya shinkafar da kayan da ke ƙarƙashinta sai an sauke, kuma idan na taro ne maza ke dafawa, har gwanin dafa shi mutum ne da ake girmamawa a unguwa.

Abin da ke faruwa idan waɗannan mazhabobi biyu suka haɗu a murhu ɗaya ya bayyana a kan wani malamin makaranta mazaunin Kaduna, wanda ya je ziyara kabarin Imamu Buhari, ya zaga kasuwar Siyob ta Samarƙand da ta Chorsu a Tashkent, aka kuma gayyace shi gidaje ya ci palof har imaninsa da dafa-duka ya yi rauni. Sauran abokan tafiyarsa carbi da darduma suka yo tsaraba, shi kuwa kazan ya sayo, ya biya kuɗin nauyin kaya a filin jirgi, ya ƙudurta cewa gidan surukansa da ke Hunkuyi ne zai fara cin gajiyar wannan ilimi. Ranar da zai cika alkawarin, ta'aziyya ta fara kai shi Ikara, don haka ya tsara ya yi cefane a hanya.

A rumfar 'yan gwari ta Ikara karas da albasa kawai ya je saye. Mai kayan ya auna masa, ya ƙara gyara, wato ɗan abin da mai sayarwa ke ɗorawa kyauta bayan ciniki ya faɗa, sannan ya tambayi kwando nawa za a sa na tumatir. Da Malam ya bayyana cewa shinkafar da zai dafa ba a sa mata tumatir, sai mutumin ya yi shiru, ya sassauta murya ya ce, "Allah ya ba mai jikin lafiya, Malam. Ulsa ce?" Bayanin da ya biyo baya a kan Samarƙand ya tara maƙwabtan rumfa, waɗanda suka yanke hukunci cewa baƙon dai tsadar tumatir ta birni ce ta firgita shi yake jin kunyar faɗa, kuma tunda lokacin rani ne kaya sun yi araha, sai suka dinga rage masa kuɗi ba tare da ya taya ba. Mutum na iya neman ragi idan an tsawwala masa, amma babu kalmar da ake kare kai da ita daga rangwame, saboda haka ɗan dako ya kai kwandon tumatir bayan mota.

A Makarfi al'amarin ya ƙara tsanani. Mai kayan yaji bai san zira ba, amma ba ya cikin ɗabi'ar ɗan kasuwa ya ce babu, sai ya shiga kwance ƙulli ɗaya bayan ɗaya, ga kimba, ga masoro, ga kanumfari, ga citta, yana miƙa wa Malam yana shinshinawa har atishawa ta kama shi, daga bisani ya ƙulla masa habbatus sauda, bisa hujjar cewa ita ma ƙwaya ce, ita ma daga gabas take, kuma ko ba ta yi daɗi ba za ta yi magani. Mahauci shi ma ya saurari buƙatar kitsen jela da natsuwa, ya ɗago jelar ragon da ya yanka, wadda kamar sauran tumakin ƙasar nan siririya ce ba mai tara kitse irin ta tumakin tsakiyar Asiya ba, ya ce idan Alhaji na son wannan ya ɗauka kyauta, don dama yara ake ba. Kafin ya kai ga mota wani mai rake ya fere masa gaɓa ɗaya ya ɗanɗana, kuma wanda ya ɗanɗana raken Makarfi a gaban mai shi ya riga ya saya, ko da kuwa, kamar yadda ya faru a nan, cikon haƙorin da likita ya yi masa ya fita tare da totuwar farko.

Babbar matsalar ba ta kayan haɗi ba ce, ta surukuta ce. A al'adar wannan yanki akwai kunya tsakanin mutum da iyayen matarsa: ba ya kutsa kai cikin gida, ba ya cin abinci a gabansu, surukar kuma ba ta kiran sunansa. Namiji mai aure da aikin gwamnati ya tsuguna gaban murhu abu ne da ake neman masa fassara, kuma fassarorin da ake da su ba masu daɗi ba ne. Bayan shawara a zaure, surukin nasa, Baba, ya yarda a kafa duwatsun murhu a ƙofar gida, wai don a rage abin faɗa, wanda hakan ya sa duk mai wucewa masallaci ya zama shaida. Surukar tasa, Inna, ta zauna a ciki, aka naɗa wata ƙaramar jika manzo tsakaninta da mai dafuwa. Saƙon farko shi ne, "Inna ta ce a gaida baban su Ummi, ta ce ko 'yarta ta yi laifi ne?" Na biyu shi ne ko an rege shinkafar, wato an wanke ta a ƙwarya ana karkatawa har tsakuwa ta kwanta a ƙasa, domin 'yar gida ce. Malam ya aika da amsa cewa ya jiƙa ta a ruwan ɗumi da gishiri yadda ake yi a can, Inna kuma ba ta sake cewa komai a kan wannan batu ba, abin da masana halin surukai ke ɗauka alama ce mafi muni.

Har zuwa lokacin da aka shimfiɗa shinkafa aka cusa tafarnuwa aka rufe kazan, ana iya cewa ilimin Samarƙand na kan gaba. Sai aka kira la'asar. Malam ya yi alwala ya bi Baba masallaci, bayan ya gargaɗi yara har sau uku cewa kada kowa ya taɓa murfin, ya manta cewa gargaɗin yara ba ya hawa kan gwaggo. Gwaggo, ƙanwar Baba, wadda ta yi shekaru tana dafa abincin biki a unguwar, ta leƙa ta ga shinkafa fara fat a sama, mai da nama sun taru a ƙasa suna shirin ƙonewa, ga kuma kwandon tumatir a jingine ba wanda ya kula shi, sai tausayin yaron ya kama ta. Ta sa aka jajjaga tumatir da attaruhu, ta marmasa daddawa da dunƙulen magi, ta kawo muciya ta juya tukunyar tun daga gindi har sama. Da masallata suka dawo ta tare shi da fara'a ta ce, "Ɗana, ka yi ƙoƙari, saura kaɗan ka ɓata, amma na gyara maka." Surukuta ba ta bar masa amsar da ta wuce godiya ba.

Abin da aka sauke dafa-duka ce, mai ɗan ɗacin habbatus sauda da tsakuwa jefi-jefi, kuma adalci ya wajabta a faɗi cewa ta ciwu. Dattawa sun ci a zaure, ɗaya daga cikinsu har ya fara ba da labarin jirgin ƙasa ba gaira ba dalili aka yi masa dariyar santi, liman kuma ya lura cewa ashe mutanen Imamu Buhari irin abincinmu suke ci, wanda a ganinsa dalili ne na ƙarfin haddarsu. Malam, da yake ba ya ci gaban suruki, a bayan mota ya zauna, yara na kankare ƙanzo yana jin ƙarar cokali a jikin kazan ɗinsa.

Ya so ya farfaɗo da martabarsa da shayi. A Uzbekistan galibi koren shayi ake sha ba madara, kuma mai masauki kan zuba kaɗan a ƙasan kofi, don ya riƙa ƙarawa baƙo yana sha da zafinsa, cika kofi kuwa na iya nufin a sha a tashi. Malam ya durƙusa ya miƙa wa Baba kofin da shayinsa bai kai rabi ba. Baba ya leƙa ciki, ya dubi surukinsa, ya kira jikar ya raɗa mata magana, jim kaɗan ta dawo da mazarƙwaila da gwangwanin madara. Da dare kuma, bayan an yi sallama, ya ja 'yarsa gefe ya tambaye ta ko albashi na fita a kan lokaci, ya kuma sa aka ɗora musu buhun masara a mota.

Buhun masara da damin rake ba su bar wa kazan wuri ba, aka ce a bar shi sai wani zuwan. Ƙanwar matar Malam ta gano cewa ƙarfensa na riƙe zafi kuma ba ya shan mai, ta fara suyar awara da shi a ƙofar gida kowace yamma, ciniki ya kankama, har Inna ta aika Kaduna cewa idan baban su Ummi zai koma ƙasar nan, ya sayo wani wanda ya ɗan fi wannan girma.